Wanda ya yi magana ya rayu: shari'ar Julius da Ethel Rosenberg

Ranar Juma'a 19 ga Yunin 1953, rana na dab da faɗuwa, aka fito da Julius Rosenberg daga ɗakinsa a kurkukun Sing Sing da ke jihar New York, aka zaunar da shi a kujerar lantarki. Shekararsa 35. Da aka fitar da gawarsa sai aka shigo da matarsa Ethel, mai shekara 37. Sun bar yara maza biyu, Michael ɗan shekara 10 da Robert ɗan shekara 6. A cikin kurkukun a wannan maraice akwai jami'an FBI, hukumar binciken manyan laifuka ta Amurka, a zaune, ga layin waya a buɗe zuwa Washington, ana jira ko ɗaya daga cikin ma'auratan zai ce yana da magana. Da ɗayansu ya amsa laifi ya ambaci sunaye, da an tsayar da kisan. Babu wanda ya ce uffan a cikinsu.

Wannan waya da aka bari a buɗe ita ta sa na zaɓi wannan shari'a a kan sauran shari'o'in leƙen asiri na Amurka. Gwamnatin da ta yi imani cewa laifin mutum ya kai a ɗauki ransa, me zai sa ta tsaya ciniki da shi a bakin kabari? Su biyun ne kaɗai farar hula 'yan Amurka da aka kashe saboda leƙen asiri a duk tsawon yaƙin cacar baka, kuma tun daga ranar kotun tarayya ba ta sake aika kowa lahira kan wannan laifi ba.

Laifin da aka tuhume su da shi

Mu a bakinmu, duk wanda ya sayar da sirrin ƙasarsa sai mu ce ya ci amanar ƙasa, magana ta ƙare. Dokar Amurka ta raba abin gida biyu, kuma wanda bai riƙe wannan rabon ba zai ɓace a cikin shari'ar. Cin amanar ƙasa shi ne laifi ɗaya tilo da kundin tsarin mulkinsu ya fayyace da kansa: mutum ya yaƙi Amurka, ko ya bi bayan abokan gabanta ya ba su taimako. Kuma ba a kama shi da laifin sai shaidu biyu sun yi shaida a kan aiki guda da ya aikata a fili, ko shi da bakinsa ya amsa a gaban kotu. Waɗanda suka rubuta kundin a 1787 sun san yadda sarakunan Ingila suka riƙa rataya wa masu adawa da su wannan tuhuma don su gama da su, shi ya sa suka matse ƙofar har ta zama da wuyar shiga.

Leƙen asiri kuwa dokar majalisa ce ta 1917, wadda aka yi lokacin Yaƙin Duniya na Farko. Ta haramta miƙa bayanan tsaro ga kowace ƙasar waje, abokiyar gaba ce ko ƙawa. Idan a lokacin zaman lafiya aka aikata, ɗaurin bai wuce shekara 20 ba. Idan a lokacin yaƙi ne, alƙali na da zaɓi biyu: ɗaurin da bai wuce shekara 30 ba, ko kisa. Babu ɗaurin rai da rai a tsakani, kuma alƙali shi kaɗai ke zaɓa. Ba a bukatar shaidu biyu. In kuma tuhumar ta haɗa baki ce, shaidar abokin laifi ɗaya ta isa, sannan abin da kowane ɗaya daga cikin masu haɗa bakin ya faɗa ko ya yi ana iya ɗora shi a kan sauran.

Da wannan ta biyun aka gurfanar da su Rosenberg: haɗa baki don leƙen asiri. Tuhumar cin amanar ƙasa ba za ta ci su ba, domin a 1944 da 1945, lokacin da aka yi manyan abubuwan da ake magana a kai, Tarayyar Sobiyat ƙawar Amurka ce, tare suke yaƙar Hitler. Amma wannan yaƙin da ake yi tare da Sobiyat ɗin shi ne "lokacin yaƙi" da ya buɗe ƙofar hukuncin kisa. Wato an hana su garkuwar da kundin tsarin mulki ya ba wanda ake zargi da cin amanar ƙasa, alhali a zauren kotu, daga mai gabatar da ƙara har alƙali, kalmar maciya amana ake ta jifan su da ita.

Yadda igiya ta kai gare su

A ƙarshen Agustan 1949 Sobiyat ta gwada bam ɗinta na nukiliya, shekaru kafin lokacin da Amurka ta yi tsammani. Hankali ya tashi, aka shiga neman wanda ya fitar da sirri. Akwai wani shiri na ɓoye na sojan Amurka, wanda daga baya aka san shi da suna Venona, inda masana ke warware saƙonnin sirri da jami'an Sobiyat suka aika daga New York zuwa Mosko a shekarun yaƙi. Ta nan aka gano Klaus Fuchs, masanin kimiyya haifaffen Jamus mai takardar zama ɗan Birtaniya, wanda ya yi aiki a Los Alamos inda aka ƙera bam ɗin farko. Ya amsa laifinsa a farkon 1950, kotun Landan ta ɗaure shi shekara 14.

Daga Fuchs aka kai ga ɗan aikensa Harry Gold, wani mai haɗa sinadarai a Philadelphia. Gold ya ce akwai wani soja da ya taɓa karɓar takardu a hannunsa a garin Albuquerque a watan Yunin 1945, ya ba shi dala 500. Sojan shi ne David Greenglass, makanike a Los Alamos, ƙanen Ethel uwa ɗaya uba ɗaya. Da aka kama David a Yunin 1950, bai kwana ba ya ambaci mijin yayarsa.

Julius injiniyan lantarki ne, ɗan talakawan Yahudawa na New York, wanda ya rungumi aƙidar kwaminisanci tun yana ɗalibi. Ya yi aiki da sashen sadarwa na sojan ƙasa daga 1940 har 1945, lokacin da aka sallame shi saboda alaƙarsa da jam'iyyar. An kama shi ranar 17 ga Yulin 1950, mako uku da ɓarkewar yaƙin Koriya. Ya ƙi cewa komai. Kwana biyu bayan haka shugaban FBI, J. Edgar Hoover, ya rubuta wa babban lauyan gwamnati cewa tuhumar matar tana iya zama abin da za a banƙare bakin mijin da shi. Ranar 11 ga Agusta aka kama Ethel tana fitowa daga ba da bahasi, ko gida ba a bar ta ta koma ta shirya wa yaranta wurin zama ba. Yaran suka fara zama hannun kakarsu ta wajen uwa, daga nan aka kai su gidan marayu na wani lokaci, iyayensu na raye.

Kwalin Jell-O da tafireta

An fara shari'ar ranar 6 ga Maris 1951 a kotun tarayya ta Manhattan, gaban alƙali Irving Kaufman. Irving Saypol ne ya jagoranci masu gabatar da ƙara, cikin mataimakansa har da wani matashi Roy Cohn. Emanuel Bloch ke kare Julius. Tare da su a akwatin masu laifi akwai Morton Sobell, abokin karatun Julius, wanda ya gudu Meksiko aka dawo da shi.

Gwamnati ba ta iya kawo saƙonnin Venona gaban kotu ba, domin yin haka zai sanar da Mosko irin nisan da aka yi wajen karanta sirrinta. Saboda haka duk shari'ar ta rataya ne a bakin mutanen da su ma igiyar ke wuyansu. David da matarsa Ruth suka ce Julius ne ya jawo su, kuma shi ya yanke gefen kwalin wani garin kayan zaƙi mai suna Jell-O gida biyu, ya ba su rabi, ya ce duk wanda ya zo musu da ɗaya rabin shi ne ɗan aike. Ainihin kwalin babu shi. Sai Cohn ya miƙa wa David sabon kwali da almakashi, ya yanka a gaban masu taya alƙali yanke hukunci, suna kallo. David ya kuma sake zana abin da ya ce ya ba Julius a Satumbar 1945, zanen cikin bam ɗin da aka jefa a Nagasaki.

A nan lauyan Julius ya yi kuskuren da ya bi su har kabari. Don ya nuna su ma masu kishin ƙasa ne, sai ya roƙi kotu ta ɓoye zanen kada jama'a su gani. Da haka ya tabbatar wa kowa da bakinsa cewa wannan 'yar takarda ita ce sirrin bam. Shekaru bayan haka masana da suka yi aikin bam ɗin, irin su Philip Morrison, suka duba zanen suka ce aikin koyo ne mai cike da kurakurai. Janar Leslie Groves, wanda ya shugabanci shirin ƙera bam ɗin baki ɗaya, ya faɗa a wani zaman sirri a 1954 cewa abin da ya fita ta hannun su Rosenberg ƙaramin abu ne.

To ina Ethel a cikin wannan duka? Hujjar da ta kashe ta guda ɗaya ce. Ruth ta ce, David ya mara mata baya, wai ranar da aka kawo bayanan rubutun David ba ya karantuwa, sai Ethel ta ɗauko tafireta ta ɗora a kan teburi a falonsu ta buga su tsaf. Saypol ya riƙe wannan a jawabinsa na ƙarshe, ya kwatanta kowane harafi da ta buga da duka a jikin ƙasarta. Abin da masu taya alƙalin ba su sani ba shi ne, wannan labarin tafireta bai fito daga bakin ma'auratan Greenglass ba sai kwanaki kaɗan kafin a fara shari'a, bayan an shafe wata takwas ana yi musu tambayoyi. Ruth kuwa, wadda ta amsa da bakinta cewa ta kai saƙo ta karɓi kuɗi, ba a taɓa gurfanar da ita ba.

Julius da Ethel suka shiga akwatin shaida suka musanta komai. Da aka tambaye su ko 'yan jam'iyyar kwaminis ne, sai suka fake da 'yancin da tsarin mulki ya ba mutum na ƙin faɗin abin da zai cutar da shi. A shekarar da samarin Amurka ke mutuwa a Koriya, wannan shirun ya yi musu illa ƙwarai. Ranar 29 ga Maris aka same su da laifi, su ukun.

Hukuncin

Ranar 5 ga Afrilun 1951 Kaufman ya yanke wa miji da mata hukuncin kisa. Ya ce laifinsu ya fi kisan kai muni. Ya ce su suka damƙa wa Rasha bam shekaru kafin lokacinta, wanda hakan ya jawo yaƙin Koriya da asarar da ta haura mutum 50,000. Game da Ethel ya ce ta girmi mijinta da kusan shekara uku, don haka cikakkiyar abokiyar aikinsa ce. Babu shaida ko ɗaya da aka kawo a zauren da ta nuna cewa su suka jawo yaƙin Koriya. Alƙalin ya hukunta su ne a kan abin da ba a tuhume su da shi ba, kuma ba a ba su damar kare kansu a kai ba. Cohn daga baya ya yi iƙirarin cewa ya riƙa magana da alƙalin a bayan fage game da hukuncin, abin da ko a ina haramun ne ga mai gabatar da ƙara.

Mai karatu ya jera hukunce-hukuncen ya gani da idonsa. Fuchs, masanin da ya ba Sobiyat ainihin lissafin bam, ya yi shekara 9 a kurkuku ya fita a 1959, ya koma Jamus ta Gabas ya ci gaba da aikinsa. Gold ya sami ɗaurin shekara 30. Sobell ya sami 30, ya fita a 1969. David Greenglass, wanda shi ne ya ɗebo bayanan da hannunsa, yana sanye da kakin soja kuma ƙarƙashin rantsuwa, ya sami 15, ya fita a 1960. Theodore Hall, wani matashin masanin kimiyya a Los Alamos da Venona ta fallasa, wanda abin da ya bayar ya fi na David nesa ba kusa ba, ko kotu ba a kai shi ba, ya mutu a Ingila a 1999. Wadda aka ce ta buga tafireta ita aka kashe. Duk yadda na juya lissafin, nauyin laifi bai bayyana wannan jeri ba. Abin da ya bayyana shi shi ne wa ya ba da haɗin kai, wa ya ƙi, sai kuma wanda gwamnati ba ta da shaidar da za ta iya nunawa a kansa.

Ethel ta shafe sama da shekara biyu a ɓangaren mata na masu jiran kisa a Sing Sing, mafi yawan lokacin ita kaɗai ce fursuna a wurin. Mahaifiyarta ta bi bayan David, tana matsa mata ta gaskata maganar ƙanenta ta tsira.

Kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar da hukuncin a Fabrairun 1952. Alƙali Jerome Frank, wanda ya rubuta shi, ya ƙi karɓar hujjar cewa shari'ar cin amanar ƙasa aka yi musu da wani suna, ya kuma ce doka ba ta ba kotunsa ikon rage hukuncin da ke cikin iyakar doka ba. Kotun ƙoli ta ƙi sauraron ƙarar sau da dama. Duniya ta ɗauka. Fafaroma Pius na 12 ya nemi a yi sassauci, haka Albert Einstein da Harold Urey, masanin da ya ci kyautar Nobel kuma ya yi aikin bam ɗin. A Faransa da Italiya aka yi ta zanga-zanga. Shugaba Eisenhower ya ƙi yin afuwa a Fabrairun 1953. A farkon Yuni shugaban hukumar gidajen yari ta tarayya, James Bennett, ya je Sing Sing da saƙo a fili: ku yi magana a bar ku da ranku. Suka mayar da amsa a bainar jama'a cewa ba za su yi ba.

Kwana uku na ƙarshe

Ana saura kwanaki, wani lauya daga jihar Tennessee mai suna Fyke Farmer, wanda ba ya cikin lauyoyinsu, ya tono abin da kowa ya tsallake. A 1946 majalisa ta yi dokar makamashin nukiliya, wadda ta ce ba a yanke kisa kan fitar da sirrin nukiliya sai masu taya alƙali sun ba da shawarar haka, kuma sai an tabbatar an yi da niyyar cutar da Amurka. Takardar tuhumar su Rosenberg ta ce haɗa bakin ya ci gaba har 1950. Ashe ba sabuwar dokar ce ta kamata ta yi aiki ba? Idan haka ne, Kaufman ba shi da ikon yanke kisa shi kaɗai.

Ranar 17 ga Yuni, kotun ƙoli ta riga ta tafi hutu, mai shari'a William Douglas ya ga hujjar tana da nauyi, ya ba da umarnin dakatar da kisan don ƙananan kotuna su duba. Da an bi hanyar da aka saba, da maganar ta kai watanni. Sai babban jojin ƙasa Fred Vinson, bisa roƙon gwamnati, ya kira alƙalai su dawo daga hutu. Suka saurari lauyoyi ranar 18, washegari da tsakar rana suka soke umarnin, shida na goyon baya uku na adawa. Hujjar masu rinjaye ita ce manyan ayyukan an yi su ne kafin 1946. Hugo Black, ɗaya daga cikin ukun, ya rubuta cewa kotun ƙoli ba ta taɓa duba kundin shari'ar ba, ba ta kuma taɓa tabbatar da cewa an yi musu adalci ba. Felix Frankfurter ya koka cewa ba a ba su lokacin tunani ba, nasa cikakken ra'ayin ma sai bayan an binne su ya fito.

Ƙarfe 11 na dare aka sa don aiwatar da kisan. Lauyoyi suka ce wannan lokaci ya faɗa cikin Asabar ɗin Yahudawa, wadda ke shiga da faɗuwar ranar Juma'a, suna fatan a ɗaga zuwa wani mako. Gwamnati ta ce ta ji, sai ta jawo lokacin baya zuwa ƙarfe 8, kafin rana ta faɗi. Eisenhower ya sake ƙin afuwa da yammacin. A wata wasiƙa da ya rubuta wa ɗansa a makon ya ce matar ce mai taurin kai, mijin shi ne mai rauni, kuma in aka sassauta mata Sobiyat za ta koma ɗaukar mata aikin leƙen asiri.

Malamin Yahudawa na kurkukun, Irving Koslowe, shi ya raka kowannensu yana karanta Zabura. Julius ya cika a karon farko. Ethel da ta shigo ta kama hannun ma'aikaciyar da ta daɗe tana gadinta, ta sumbace ta a kumatu, sannan ta zauna. Bayan an sake mata wuta kamar yadda aka saba, aka kwance ta, likitoci suka ɗora abin awo suka ji zuciya na bugawa. Aka sake ɗaure ta, aka ƙara mata sau biyu.

Abin da ya fito daga baya

Shekara arba'in magoya bayansu na cewa ƙage ne daga farko har ƙarshe. Ba haka ba ne, kuma duk mai son gaskiya dole ya faɗa. A 1995 gwamnati ta saki saƙonnin Venona, ga Julius a ciki da sunan ɓoye, da farko Antenna, daga baya Liberal. Yana da tawagar injiniyoyi da ke kawo masa bayanan na'urorin hango jiragen sama da sauran kayan yaƙi. Jami'in Sobiyat da ke kula da shi, Alexander Feklisov, ya fito a 1997 ya tabbatar, har ya ba da labarin yadda Julius ya kawo masa wata na'ura mai sa harsashi ya fashe da kansa idan ya kusanci jirgi, wadda tana cikin manyan sirrin Amurka a lokacin. A 2008 Sobell, yana da shekara 91, ya amsa cewa shi da Julius sun yi wa Sobiyat aiki. Julius ɗan leƙen asiri ne, kuma ɓarnarsa a fannin kayan yaƙi ta fi wadda aka kashe shi a kanta. Ina ganin yana da nasa kason a jinin matarsa, domin ya san abin da ya yi, ya san abin da ba ta yi ba, kuma ya bar ta ta bi shi. Wasiƙar da suka bar wa yaransu tana cewa su tuna iyayensu ba su da laifi. Yaran sun girma da wannan magana, sai da suka manyanta suka haɗiye ɗacin cewa game da mahaifinsu ba gaskiya ba ce.

Ethel fa? Saƙonnin sun nuna ta san aikin mijinta, akwai ma wanda ya ce ita da shi suka yaba da Ruth a matsayin yarinya mai wayo. Ba zan ce ba ta san komai ba. Amma ba ta da sunan ɓoye, kuma wani saƙo na Nuwambar 1944 ya ce saboda rashin ƙoshin lafiya ba ta aiki. A 2001 David Greenglass ya shaida wa ɗan jarida Sam Roberts, ya kuma maimaita a talabijin, cewa bai tuna yayarsa ta buga komai ba, ya bi maganar matarsa ne don ya tsirar da uwar 'ya'yansa. Bahasin da Ruth ta bayar a asirce kafin shari'a, da aka buɗe a 2008, babu tafireta a ciki, cewa ta yi ita ta rubuta bayanai da hannunta. Na David da aka buɗe a 2015, bayan mutuwarsa, ya ce bai taɓa yin wannan magana da yayarsa ba. William Rogers, wanda shi ne mataimakin babban lauyan gwamnati lokacin da aka kashe su, ya faɗa wa Roberts cewa fatan da aka yi shi ne hukuncin ya sa su yi magana, sai matar ta ƙi tsorata. Wannan ita ce maganar da ta fi tsaya mini a rai. Barazana aka yi, da ba ta ci ba sai aka rasa hanyar janyewa, aka cika ta a kan uwar yara biyu.

Inda doka ta nufa bayan haka

A wannan shekarar ta 1953, wata huɗu bayan Sing Sing, Eisenhower ya mayar da hukuncin kisan Tomoya Kawakita ɗaurin rai da rai. Shi wannan ɗan Amurka ne da aka samu da ainihin cin amanar ƙasa, da shaidu biyu-biyu, kan azabtar da fursunonin yaƙi 'yan Amurka a Japan. Dokar tarayya har gobe ta tanadi kisa ga cin amanar ƙasa, mafi ƙarancinsa ɗaurin shekara 5 da tarar dala 10,000, amma a ƙarni na 20 duka ba a kashe kowa da ita ba.

Ta ɓangaren soja abin ya fi sauri da tsanani. A Yunin 1942 jiragen ruwa masu nutso na Jamus suka sauke mutum takwas a gaɓar New York da Florida don su yi zagon ƙasa. Kotun soja ta musamman ta yi musu shari'a a asirce, kotun ƙoli ta amince, ranar 8 ga Agusta aka kashe shida a kujerar lantarki a Washington, har da wani mai takardar zama ɗan Amurka. Biyun da aka bari, George Dasch da Ernst Burger, su ne suka tona asirin. Dokar soja ta daɗe tana cewa wanda aka kama yana laɓe yana leƙen asiri a lokacin yaƙi kisa ne tilas, sai gyaran da ya fara aiki a 2019 ya ba kotun soja zaɓi. A 1985, bayan fallasar John Walker da ya shekara 17 yana sayar wa Sobiyat sirrin sojan ruwa, majalisa ta ƙara sashen da ya halatta kashe soja kan leƙen asiri ko ba a yaƙi. Ba a taɓa kashe kowa da shi ba.

A dokar farar hula, majalisa ta faɗaɗa kisa zuwa lokacin zaman lafiya a 1954, hukuncin kotun ƙoli na 1972 ya dakatar da shi, dokar 1994 ta dawo da shi da sharuɗɗa: sai laifin ya jawo mutuwar wani jami'in asirin Amurka da aka fallasa, ko ya shafi manyan abubuwa irin makaman nukiliya, tauraron ɗan Adam na soja, tsarin yaƙi ko sirrin sadarwa. Kuma yanzu masu taya alƙali ne ke yanke shawarar kisa, abin da Fyke Farmer ya nema wa su Rosenberg. A 2003 gwamnati ta nemi ran Brian Regan, tsohon sojan sama, masu taya alƙali suka ƙi. Amma cinikin bai mutu ba. Robert Hanssen na FBI, wanda bayanansa suka sa aka kashe mutane a Mosko, ya amsa laifi a 2001 ya yarda ya zauna ya faɗi duk abin da ya sani, aka cire kisa daga maganar, ya mutu a kurkuku a 2023.

Michael da Robert sun tashi a hannun wasu ma'aurata da suka ɗauke su riƙo, suna amsa sunan Meeropol. Sun daina neman a wanke mahaifinsu. A 2016 suka je ƙofar fadar White House suka roƙi Obama ya wanke mahaifiyarsu, bai amsa ba. A 2024 suka samo wata takarda daga hukumar tsaron ƙasa, rubutun Meredith Gardner, masanin da ya warware saƙonnin Venona, inda ya ce Ethel ta san aikin mijinta amma ita ba ta shiga ba. Ya rubuta ta ne a Agustan 1950, kwanaki kaɗan bayan an kama ta, wata shida da 'yan kai kafin a fara shari'a. Da ita suka sake roƙon Biden, su biyun tsofaffi masu furfura, har ya sauka a Janairun 2025 sanarwar ba ta fito ba.